Kwana Tara a Littafin Rijiya

Ƙetare, ranar Laraba bayan azahar.

Assalamu alaikum wa rahmatullahi. Zuwa ga Yaya Abba, a makaranta a Zariya. Muna fata ka sauka lafiya. Allah ya tsare ka a hanya da masauki, ya raba ka da sharrin abin da kake gani da wanda ba ka gani. Baba yana gaishe ka, Inna tana gaishe ka, ni ma Sa'ade ina gaishe ka.

Wannan wasiƙar ta Baba ce. Shi zai faɗa, ni in rubuta, don ya ce maganar waya iska ke kwashe ta, kuma tafiyarka ta wannan karon ba irin ta da ba ce: daga jarrabawa sai bautar ƙasa, daga nan sai inda Allah ya kai ka. Amma bai dawo daga masallaci ba tukuna, takarda tana hannuna, kuma akwai abin da ban taɓa faɗa wa kowa ba. Zan sa shi nan sama. In ya ce in karanta mashi abin da na rubuta, kamar yadda ya saba, zan tsallake wannan wurin.

Maganar littafin awon rijiya ce, wanda ka bar mani bara da rani don aikinka na kammala karatu. Ka ce kullum da safe in zura igiyar nan mai ƙulle-ƙulle a rijiyar gari, in rubuta inda ruwa ya tsaya. Na yi kwana talatin da ɗaya ban fasa ba. Daga nan masu shanu suka sauka bayan gari, suka riƙa zuwa shayarwa tun da sassafe. Ranar da na iso da igiya da littafi na iske su, wani dattijo cikinsu ya ce, "A ba Malama hanya, ta zo ƙidaya mana ruwa. Malama, na saniya nawa ya rage?" Duk suka yi dariya. Na san ba da mugunta ba ne. Amma na juya gida, kuma kwana tara ban koma ba.

Ban bar layukan babu komai ba. Na duba na ga kafin nan ruwan yana sauka yatsa biyu kullum, sai na riƙa rage yatsa biyu ina rubutawa, ina zaune a ɗakin Inna. Rana ta goma, bayan sun tashi, na je na auna da gaske, na iske ruwan ya yi ƙasa da lambata da kamu ɗaya da rabi. Na rubuta abin da na gani. Shi ya sa littafin ya nuna kamar rijiya ta zubar da kamu ɗaya da rabi tsakanin jiya da yau. Ba ta zubar ba. Shanu ne suka sha a hankali cikin kwana tara, ni kuma ban je na gani ba.

Na san a kan wannan wurin ka rame da hutu. Na san ka rubuta babi guda kana cewa akwai wata kafa a bangon rijiyar mai janye ruwa da sauri, kuma saura sati uku ka tsaya gaban malamanka da shi. Kwanakin su ne daga na talatin da biyu zuwa na arba'in. Ka cire su. Ka yafe mani.

Ga Baba ya shigo. Daga nan maganarsa ce.

Abba, bayan gaisuwa da addu'a. Ba ni da labarin da zan ba ka, gari yana nan yadda ka bar shi. Abin da nake da shi kurakuraina ne, su ma ban taɓa jera maka su ba, don uba ba ya son ɗansa ya ga inda ya karkace. Abin da ya sa zan faɗa yanzu shi ne zaman da muka yi gindin bedi da hutu, ranar da na tambaye ka wai me kake karantawa har shekara huɗu.

Ka ce mani akwai lissafin da ba ya faɗin inda abu yake, sai dai saurin da yake canjawa. Ka ce yawancinsu ba mai iya warware su gaba ɗaya, sai a bi su taku-taku. Ka san inda ruwa yake yau, ka san saurin saukarsa yau, sai ka ce to gobe ga inda zai kai. Ka tsaya can ka sake duba saurin, ka sake takawa. Na ce to ina wahalar take? Ka juyo mani kwamfutarka. Na ga layi ya taho lafiya lau, sai ya faɗa ƙasa, ya tashi sama, ya sake faɗawa fiye da na farko. Ka nuna da yatsa ka ce nan ruwa ya wuce gindin rijiya, nan kuma ya fi bakinta da tsawon rimi. Innarka tana tankaɗe ta ce, "To alhamdu lillahi, a fito da bokitai, mun huta da jan guga." Kai ba ka yi dariya ba. Ka ce don ka kama faɗuwar nan da ke cikin littafi dole ka gaya wa lissafi ruwan yana da sauri ƙwarai, kuma da ka yi haka sai takun kwana guda ya yi mashi faɗi. Kowane taku yana son ya gyara kuskuren na baya, sai ya zarce, kuskuren ya ɓullo ta ɗaya gefen ya fi da girma.

Ni kuwa na san layin nan. Na taɓa gina shi da hannuna, a Mabai.

Shekarata ta farko ke nan da barin hannun maigidana, Malam Ɗanladi, wanda ya koya mani ginin rijiya. Ƙa'idarsa ita ce duk kamu ɗaya da ka gina, sai a sako maka igiya mai dutse daga tsakiyar baki, ka ga ko ramin yana tafiya sak. Ni a lokacin gani nake tsufa ne ke sa shi haka. Na ce idona ya isa. Da wani Alhaji mai noman rani ya ba ni aiki a Mabai, sai na riƙa neman igiya bayan na gina gaba guda, wato kamu huɗu. A gaba na farko dutse ya kauce wa tsakiya da yatsa biyu. Na ce ba komai. Abin da ban lura ba shi ne, gaba na biyu daga na farko nake ɗauko shi. Bangon da ya riga ya karkace nake bi, ina ganin shi ne daidai. Da na kai gaba huɗu, dutse ya bar tsakiya da taƙi guda, buɗin hannu cur, ya yi gabas.

To ka ji. Ƙaramin kuskure ba ya zama inda ka bar shi, ƙasa yake bin ka. A inda za ka, ba wanda zai riƙa sako maka igiya. Ba ni, ba Innarka. Kada ka auna yau da jiya kawai, ka ce ai ban fi jiya lalacewa ba. Ka samu abin da ba ya motsi ka riƙa komawa gare shi. Sallarka ɗaya ce daga ciki. Mutum guda mai gaya maka gaskiya ko ba ka so shi ne na biyu, ka neme shi tun satin farko.

Kuskure na biyu ya fi na farko. Da na ga taƙin nan tsoro ya kama ni, kunya kuma ta fi tsoron. Abin da ya kamata shi ne in dawo da ramin a hankali, yatsa-yatsa, cikin gaba uku ko huɗu. Sai na ce zan gyara shi a gaba ɗaya, kafin Alhaji ya zo leƙe. Na sari gabas da ƙarfi. Aka sako igiya, na iske na wuce tsakiya, dutse ya koma yamma da taƙi ɗaya da rabi. Na sari yamma da ƙarfin da ya fi na farko. Ya koma gabas da taƙi biyu. Ina cikin rami ni kaɗai, zufa tana shiga idona, ina gyara ina ƙara ɓatawa, kuma kowane sara da niyyar alheri na yi shi.

Ranar da aka zo saukar da zoben siminti, na uku ya cije a gaba na shida. Ba ya sauka, ba ya hawa. Alhaji ya durƙusa ya leƙa, ya daɗe, sannan ya ɗago ya ce, "Malam Isa, rijiya na ce ka gina mani ko hanyar Faskari?" Aka cike ta da ƙasar da na fitar. Har yau in na bi ta gonar ina gane wurin, dawar da ke kansa ta fi sauran tsayi.

In ka karkace, ka gyara, amma ka auna gyaran kamar yadda ka auna kuskuren. Gyaran da ya fi kuskure girma sabon kuskure ne. In ka ɓata wa mutum rai, kada ka zo mashi da ban-haƙurin da zai sa ya rasa inda zai sa fuskarsa. In ka yi sakaci da karatu sati guda, kada ka ce za ka rama da kwana uku ba ci ba hutu. Ni ma na yi maka irin wannan. Shekarar da ka faɗi jarrabawar fita sakandare, na yi maka faɗa fiye da laifinka. Da na gane, sai na yi shiru fiye da faɗan. Wata biyu ban tambaye ka karatu ba, kai kuma ka ɗauka na fid da rai da kai. Ban fid da ba. Yamma na sara. Sa'ade, rubuta shi haka, kada ki gyara mani Hausa.

Ni ce Sa'ade. Na rubuta yadda ya faɗa. Inna ta ce daga madafa, "Wata uku ne, Malam." Baba ya ce a bar shi biyu. Ya ci gaba.

Bayan Mabai sai na koma ɗaya gefen. Aka ba ni rijiyar wani masallaci wajen Sabuwa. Duk saran diga goma sai in ce a sako igiya. Masu jan ƙasa a sama har gyangyaɗi suke yi. Ɗayansu ya leƙo ya ce, "Malam Isa, ruwa kake nema ko allurar Hajiya ce ta faɗi?" Kuma saboda yawan awo, ba na jiran dutse ya daina lilo, sai in ga kamar ya kauce, in gyara wurin da ba abin da ya same shi. Damina ta iske ni a gaba na biyar, ruwan sama ya rufta bakin. Wannan ma ba a sha ruwanta ba. Da hutu ka ce kwamfuta ma haka take, in taku ya yi ƙanƙanta ƙwarai aikin ba ya ƙarewa, kuma 'yan guntayen lambar da take yankewa a kowane taku sai su taru su zama abu. Na ji daɗi da ka faɗi haka, don na daɗe ina tsammanin ni kaɗai ne. Tsoro ba hankali ba ne, Abba. Kama kawai suke yi daga nesa.

Sai da na ɓata biyu na koma wurin Malam Ɗanladi. Na iske shi yana ɗaure ƙotar diga. Bai ce mani ai na gaya maka ba. Ya ce, "Isa, kamu nawa ake sako igiya?" Na ce ɗaya. Ya ce, "Wannan na yara ne, don kada su halaka kafin su koya. Ƙasa ke faɗa." Ya ce marmara tana jiranka, ko ka fita ka ci tuwo ka dawo tana nan yadda ka bar ta. Yashi ba ya jira. In ka shiga yashi, taƙi ɗaya za ka gina ka tokare, don kafin ka juya ya zubo. Kuma in rijiya tana da yashi ko da kamu ɗaya ne cikin gaba goma, shi za ka tsara aikinka a kansa, ba marmarar da ta fi yawa ba. Sannan ya nuna mani abin da na sha gani yana yi ban taɓa tambaya ba. Kafin ya sara, sai ya soka siririn ƙarfe ƙasa ya ji abin da ke can. Saran da zai yi na ƙasar da zai sauka ne, ba na wadda yake tsaye a kai ba.

Ka ce ku ma kuna da hanya irin wannan, mai tambayar saurin wurin da za a sauka tun kafin a taka. Ka ce kowane takunta ya fi wahala amma ba ta haukacewa. To ka yi da mutane haka. Garin da za a tura ka ban san shi ba, kai ma ba ka san shi ba. Yadda ake wasa a Ƙetare ba lalle haka ake yi can ba. Ka soka ƙarfe kafin ka sara. Kuma ka san yashinka. Naka fushi ne, ba ya zuwa kullum amma in ya zo ba ya jira. Daga wajena ka gado shi.

Saura ɗaya, shi ne babba. Da na gama ba Malam Ɗanladi labarin Mabai, abin da ya tambaye ni shi ne yaushe na fara ganin karkatar. Na ce tun gaba na farko, yatsa biyu. Ya ce, "Gidana daga gonar nan tafiyar rabin sa'a ce. Da ka zo ran nan, aikin yini guda ne." Ba rashin sani ya cike rijiyar Mabai ba. Na gani, na yi shiru, kuma kullum da yamma in Alhaji ya tambaye ni aiki sai in ce lafiya lau. Don haka in malamanka sun tambaye ka abin da ba ka sani ba, ka ce ban sani ba. Ba a taɓa cike rijiya don wannan kalmar ba. Inda ba ka gani da idonka ba, ka bar wurin babu komai, kowa ya ga babu. Kada ka cike gurbi da abin da kake tsammani, don wani zai zo ya ɗora gini a kai.

Ni ce Sa'ade. Nan biro ya tsaya. Baba ya ce ko tawada ta ƙare, na ce a'a. Ya ci gaba.

Wannan ya kawo ni maganar babinka. Rijiyar gari ni na gina ta, shekarar da aka haife ka. Gaba tara ce, jar ƙasa sannan marmara har idon ruwa. Ban san wata kafa a cikinta ba. Amma littafi ya nuna faɗuwar, ɗiyar nan kuwa ba ta taɓa yi mani ƙarya ba, kuma ƙasa tana iya canjawa bayan mutum ya fita. Ba zan bari ka tsaya gaban malamai da abin da ba wanda ya gani ba. Yanzu ruwa ya ja baya, wurin yana fili. Bayan kasuwar Ƙanƙara, ranar Asabar in Allah ya kai mu, zan sa a ɗaure ni in sauka in shafa bangon da hannuna. Abin da na iske zan aiko maka, ko akwai ko babu.

Ni ce Sa'ade. Inna ta fito da muciya a hannu. Ta ce, "Ka sauka ina? Shekara shida rabonka da rami. Wancan karon da aka jawo ka, sai da aka yi ta yi maka fifita kafin ka gane mutane. Da wace gwiwar za ka sauka?" Baba ya ce, "Da ta hagu, ita ce mai sauƙi." Ta ce, "A tura yara mana." Ya ce yaran yanzu ba su san bangon lafiya da na ciwo ba, kuma wanda ya gina shi ya san inda zai taɓa. Inna ta koma madafa. Ka san in ya ce zai yi, zai yi. Ga ƙarshen maganarsa.

Abin da nake da shi ke nan, Abba. Ban ba ka gona mai yawa ba, na ba ka rijiya biyu da aka cike, ka ga ko za su yi maka amfani. Allah ya ba ka sa'ar malamanka. Allah ya sa inda za a tura ka ka iske mutanen kirki, ya tsare ka daga sharrin hanya da sharrin baki, ya riƙe maka takunka kada ya yi faɗi kada ya yi ƙanƙanta. Ka gaida abokan ɗakinka. Ka ci abinci, in ji Innarka. Allah ya sada mu da alheri. Mahaifinka, Malam Isa.

Yaya, ni ce kuma. Baba ya tashi yin alwalar la'asar. Ya ce kafin ya fita masallaci in karanta mashi, sannan a naɗe a kai wa direban da zai tashi gobe.

Can sama na ce zan tsallake nawa. Kada ka goge, haka na yi niyya lokacin da na rubuta. Na kuma ciro igiyar awon daga bayan randa, gobe da safe zan je rijiya, ko wa na iske a wurin.

Ga shi ya ajiye buta. Zan fara daga layin farko.